Kawuna Mai Karnuka Bai Yafe Ba

Daga Allah muke, gare shi za mu koma, kuma Kawu ya riga mu. Ya cika da hantsi a ɗakinsa, a ƙauyenmu da ke gefen Runka, lokacin da gero ya fara fid da kai. Wan mahaifiyata ne. Shi ya riƙe ni bayan rasuwar ubana, shi ya yi mini aure, gonar da nake nomawa ma daga tasa ya yankar mini.

Kafin azahar ƙofar gida ta cika. Mutanen Karare sun zo da ƙasa a ƙafafunsu, don a gona labarin ya iske su. Fulanin da ke zaune bakin Dajin Rugu suka jingina sandunansu jikin danga, wani dattijo a cikinsu ya zauna yana ta cewa, "To yanzu wa za mu kai wa?" Ba wanda ya tambaye shi abin da za a kai, kowa ya san kare yake nufi. Wata tsohuwa ta tako tun daga Yasore, ta shige wajen Inna, matar Kawu. Ba ta yi kuka ba. Ta ce ta zo ne ta ga fitar mutumin kirki da idonta, tunda ba kullum ake samu ba. Liman kuwa da ya fito daga wajen wankan gawa, cewa ya yi, "Tun muna samari muke gardama da shi. Ban kayar da shi ba, bai kayar da ni ba."

A tabarmar farko, inda masu karɓar gaisuwa ke zama, surukin Kawu ya shimfiɗa farar rigarsa. Mijin ɗiyarsa ta fari ne, tsohon soja da ya dawo daga yaƙin Bama na zamanin Turawa ya kama sayar da ƙwayoyin magani a kasuwar Batsari. Duk wanda ya ce "Ya haƙuri?" shi ke fara amsawa. Da aka jera sahu, Liman ya roƙi duk wanda mamaci ya taɓa ɓata wa rai da ya yafe masa. Kafin ya rufe baki surukin ya ɗaga murya, yadda har mata a cikin gida suka ji, ya ce, "Ni dai na yafe masa, duniya da lahira."

Manya suka sunkuyar da kai. Ni ina tsaye kusa da makara. Wannan maganar ce ta sa na zauna nake rubuta wannan. In aka bar ta yadda ya faɗe ta, yaran da ke tasowa za su ɗauka Kawu ne mai laifi.

Kawu dogo ne, siriri, ba ya son yawan magana. Manomi ne kamar kowa, sai dai gonakinmu suna bakin daji, kuma wanda ya yi noma bakin Rugu ya san rabin aikin tsaro ne. Gwaggon biri kan fito garke guda, su karya dawa su tafi da ita a hammata. Gadu ya shiga gyaɗa ya tone ta kamar an sa garma. Shi ya sa Kawu yake kiwon karnuka. Ya yi musu rumfa bayan danga, ba ya bari su shiga cikin gida, kuma yana da wata tsohuwar taguwa da yake sawa in zai taɓa su, ya rataye ta a reshen marke kafin ya yi alwala. Duk da haka Liman bai bar shi ba.

"Malamai sun ce mala'ikun rahama ba su shiga gidan da ke da kare," in ji Liman wata rana bayan la'asar.

"Allah gafarta Malam, ai ba su cikin gida, suna waje," in ji Kawu. "Kuma hatsin zakkar da na kawo maka bara, su suka tsare shi."

Liman ya yi dariya, ya ce za su ƙarasa gobe. Ba su taɓa ƙarasawa ba.

Yadda yake duba kare mara lafiya abin kallo ne. Ba ya fara tambayar mai shi komai. Sai ya tsuguna ya ɗauki karen cak a hannu biyu, ya ɗan jijjiga shi, ya ji nauyinsa. Sannan ya ɗaga leɓensa ya dubi dasashi, ya buɗe ido, ya sa kunne a haƙarƙari. Bayan nan ne zai ce, "Mi ka ba shi kafin ka zo? Kada ka ɓoye mini, ba faɗa zan yi ba." Kuma faɗan zai yi. Yana da jiƙon ganyen sabara da yake wanke ƙaiƙayi da kumburi da shi, da garin bagaruwa na rauni, da wata saiwa da yake haƙowa a cikin daji wadda ke kashe zafin ciwo ta sa barci. Ita wannan saiwar yana tsoronta. Yakan ce, "In na ba kare wannan da safe, ba abin da zai ƙara shiga bakinsa sai ruwa da tuwo, har sai ya tashi ya san ni. Magani biyu ba su haɗuwa cikin kare sai ka san halin kowanne."

Akwai wata baƙar karya da yake kira Duna, ita ce uwar sauran. Wata damina, gero na cikin ɗaukar ƙwaya, ta bi gadu cikin sarƙaƙiya, ya yage mata cinya da haure. Wajen gudu kuma ta faɗa kan gidan zuma da ke kogon itace. Ta iso gida tana jan ƙafa, fuska ta kumbura har idanu sun rufe. Kawu ya wanke raunin, ya sa bagaruwa, ya ba ta jiƙon saiwar nan don ta samu sauƙin zogi. Washegari akwai sunan jikan ƙanensa a Karare, ba yadda za a yi ya ƙi zuwa. Da safe ya ƙara mata kaɗan, ya ce da Inna, "Ki riƙa shafa mata sabara a fuska. Kowa ya zo da magani, ko wane ne, ki ce na hana." Ni na raka shi Karare, muka kwana can.

Abin da ya biyo baya daga bakin Inna na ji. Bayan tafiyarmu surukin ya biyo da matarsa gaisuwa, da jakar magungunansa a kafaɗa. Ya ga Duna kwance. Inna ta faɗa masa saƙon Kawu. Ya ce ai su Baba har yanzu suna zamanin saiwa, shi ya ga likitocin Turawa suna aiki da idonsa. Ya fiddo farar ƙwaya ta ciwon jiki da wata 'yar rawaya ta ƙaiƙayi da borin jini. Ya ba ta yadda zai ba ƙato, ya ƙara wani a kai don ta warke da wuri, cikinta kuwa ba komai tun jiya. Inna tana "Kada, kada," amma wace suruka ce za ta riƙe hannun mijin ɗiyarta? Ya bar mata saura a ƙyalle, wai a ƙara da yamma.

Kafin la'asar Duna ta yi amai da jini. Yawu ya riƙa zuba daga bakinta. Ta kwanta, numfashi yana ja yana ja, har ya tsaya.

Da a nan abin ya tsaya, da Kawu ya yi fushi ya huce. Kowa na kuskure, shi ma ya sha faɗa cewa karnuka sun mutu a hannunsa lokacin da yake koyo. Amma surukin da ya ji labari sai tsoro ya kama shi. A wannan shekarar an yi shela cewa mahaukacin kare ya ciji mutane wajen Safana, duk inda aka ga alama a kai rahoto. Sai ya tafi wurin mai gari ya ce karyar surukinsa ta haukace, ya ga kumfa a bakinta, ya ga ta ciji sauran. Mai gari ba shi da zaɓi, doka ce daga sama. Ya aika, dogarai suka zo da kulake.

Mun dawo daga Karare da hantsi, Kawu yana ɗauke da ƙunshin naman suna da ya ajiye wa Duna. Tun daga nesa ya tsaya, ya ce, "Ba su tarye mu ba." Muka iske karnukan a jere bayan danga, duk an kashe su, har da 'yan kwikwiyon da ba su daɗe da buɗe ido ba. Bai yi ihu ba, bai zagi kowa ba. Ya sa taguwarsa, ya ɗauke su ɗaya bayan ɗaya kamar yadda yake yi in zai ji nauyinsu, muka haƙa rami gindin marke. Da muka gama ya shiga wajen Inna. Ta kwance bakin zanenta ta miƙa masa ƙyallen ƙwayoyin.

A shekarar ba mu girbe abin kirki ba. Da birai suka gane ba kare, har tsakar rana suke shigowa. Muka yi ta gudu da gwangwani da majajjawa, a banza. Kafin bazara rumbun Kawu da nawa sun zama wurin kwanan kaji. Inna ta rabu da awakinta. Ƙaramin ɗana da kunun dusa aka yaye shi, har yau bai kai tsawon sa'o'insa ba.

Na ce da Kawu mu kai ƙara, Inna ta gani, ɗiyarsa ta gani. Ya ce, "Ba zan tsayar da ɗiyata gaban jama'a tsakanin ubanta da uban 'ya'yanta ba. Bakin da ya faɗi ƙaryar, shi zai janye ta."

Amma ya so ya tabbatar. Da rani aka kafa sansanin yi wa shanu allura kusa da Safana, ya ɗauki ƙyallen nan ya tafi wurin malamin dabbobi, na bi shi. Malamin saurayi ne, ya sha karatu a Katsina, amma ya tashi ya ba Kawu kujerarsa. Kawu ya zauna a ƙasa, ya ce shi koyo ya zo. Malamin ya juya ƙwayoyin a tafin hannu, ya ce farar tana kashe zogi, amma in ta yi yawa, ko ta sauka a cikin da ba abinci, tana cin hanjin kare har ya zub da jini. 'Yar rawayar tana sauke kumburi da ƙaiƙayi, amma tana kawo barci. Ya ce ana iya haɗa su biyun in an ɓalle kaɗan gwargwadon nauyin karen, an ba shi bayan ya ci. Abin da ba a yi shi ne a ɗora maganin zogi kan wani maganin zogin, ko mai sa barci kan mai sa barci. Kawu ya kwance tasa saiwar ya nuna masa, malamin ya shinshina, ya yi ta tambaya, shi ma yana koyo.

Da za mu tashi Kawu ya ce, "Malam, mahaukacin kare yana mutuwa cikin barci, rana guda?"

"Ban taɓa gani ba, Baba. Ban kuma taɓa karantawa ba."

"Na gode," in ji Kawu.

Fulanin Rugu suka kawo masa 'yan kwikwiyo kyauta, ya fara daga farko. Sunayen da ya raɗa musu ne suka girgiza ƙauye. Na farkon ya sa masa Mun-sani. Ta biyun Wa-ya-ba-ta. Akwai wani ja mai yankakken kunne, shi ne Faɗi-gaskiya. Hanyar gonarmu ba ta bi ta ƙofar surukin ba, amma Kawu ya mayar da ita ta nan. Kullum da safe, in mutumin ya fito zaure yana shirya jakarsa, Kawu zai tsaya daidai ƙofar ya kira karnukansa ɗaya bayan ɗaya da cikakkiyar murya, ko da suna gindin ƙafarsa. Surukin zai durƙusa ya ce, "Baba, ina kwana?" Kawu zai amsa, "Lafiya lau," don ba ya ƙin amsa sallamar Musulmi, sannan ya ci gaba da kiran Faɗi-gaskiya. Yara suka ɗauka. A kasuwar Batsari ma sai da ta kai in surukin ya buɗe jakarsa wani daga bayan taro zai yi fito kamar mai kiran kare.

Da karnukan suka girma, Kawu yakan zagaya da su gonakin bakin daji duka, nasa da na maƙwabta, ba ya neman komai. In sun kai iyakar gonar surukin sai ya kira su su dawo. Birai ba wawaye ba ne, sun gane. Shekara bayan shekara a gonarsa suke fara sauka. In hatsi ya ƙare a gidan, Kawu yakan aika a kira ɗiyarsa da jikokinsa su zo su ci a gabansa har su ƙoshi, ya yanka musu kaza in akwai. Amma ko loma ba ta fita ƙofar gida. Inna ta taɓa ƙulla dawa a ɓoye za ta ba ɗiyarta, ya tare ta a zaure ya karɓa, ya ce, "Jikokina nawa ne, in ciyar da su. Shi ya ci ƙwayoyinsa."

Wasu na cewa abin ya yi yawa a kan kare. Waɗanda suke faɗin haka ba su ci dusa tare da mu ba.

Ban so a ɗauka mutum ne mai busasshiyar zuciya. Tsohuwar nan ta Yasore mijinta ya rasu ya bar ta da 'yar gona da kare guda, shi ne mai gadinta, shi ne abokin hirarta. Rina suka harbe shi, ga tsufa ya kama masa gaɓoɓi har ba ya iya miƙewa. Aka aiko wa Kawu, lokacin shi kansa gwiwa ta fara damunsa. Ya tafi a ƙafa. Ya ɗaga karen ya ji nauyi, ya sa aka dama masa fura ya lashe, sannan ya ɓalli ɗan gefen 'yar rawayar ya ba shi. Ya zauna gindin bango yana kallonsa har kumburin ya fara sauka, ya ga numfashi daidai, ya ga ya san mai shi. Sai a lokacin ya ba shi ɗan ɓarɓashin farar a cikin tuwo. Saiwarsa kuwa bai ko kwance ta ba. Tsohuwar ta ce, "Malam, ba wannan ne abin da ya kashe taka ba?" Ya ce, "Ba ƙwaya ta kashe ta ba, Iya. Hannu ne." Ya kwana biyu a Yasore har karen ya tashi. Ta kawo masa 'yar kaza, ya ce ta bar ta ta yi mata ƙwai.

Da ciwon ajali ya kwantar da shi, Liman ya zo ya zauna bakin gado. Ina wajen. Ya ce, "Abokina, tafiya ta matso. Ka sauke wannan kayan, ka yafe wa yaron nan."

Kawu ya ce, "Allah gafarta Malam, wanda ya ce ya yi ake yafe wa. Shi har yau cewa yake bai yi ba. To mi zan yafe? Ya je gaban mai gari ya ce Duna ba ta haukace ba. In ya faɗa da safe, kafin azahar na yafe."

Liman ya kai saƙon da kansa. Surukin ya ce abin ya daɗe, shi ba ya tuna komai, kuma tsofaffi in ciwo ya yi nauyi sukan yi surutai. Da aka gaya wa Kawu, ya juya fuskarsa bango ya ce, "Shi ke nan. Akwai inda za a tuna masa."

Wannan shi ne mutumin da ya tsaya a sahun gaba ya ce ya yafe.

Bayan sadakar bakwai mata suka fara watsewa, kowa ta koma ɗakinta. Ɗiyar Kawu ba ta ɗaure kayanta ba. Taubashiyata ce, ta girme ni, tun muna yara muke tsokanar juna, amma tun shekarar nan ban ƙara ganin ta yi dariya da haƙora ba. Mijin ya aiko yaro, ta ce a ce tana nan. Ya aiko ƙanwarsa, ta ce a ce tana nan. Sai ya zo da kansa, ya iske mu a zaure da Liman da mai gari, wanda ya zo yi wa Inna sallama. Ta fito ta tsaya bayan asabari, ba ta gaishe shi ba.

"Malam," ta ce da mijinta, "ranar jana'iza na ji ka ce ka yafe wa Baba. Mi ya yi maka?"

Ya ce wannan ba wurin maganar ba ne, ta ɗauko mayafinta su tafi.

"Ina tsaye ka buɗe wa Duna baki ka tura mata ƙwayoyin. Baba ya hana ni magana don kada in tozarta uban 'ya'yana, na yi shiru har gashina ya yi fari. Yanzu wanda ya hana ni ba ya nan. Ko ka faɗa, ko in faɗa. In kuwa ni na faɗa, a gidan nan zan ƙare kwanana."

Ya dubi mai gari, ya dubi Liman, ba wanda ya taimake shi da ko tari. Ya sunkuya yana wasa da bakin tabarma. Can ya ce, ƙasa-ƙasa, "Ranka ya daɗe, karyar nan ba hauka ta yi ba. Magani na ba ta."

Na ce, "Ɗaga murya. Wanda kake faɗa wa ya yi nisa."

Ya sake faɗa, har mutanen da ke ƙofar gida suka leƙo. Mai gari ya ce ya ji, kuma ranar Juma'a bayan an sallame surukin zai maimaita a gaban jama'a, tunda a gaban jama'a aka kashe karnukan. Haka aka yi.

Da muka fito daga masallaci Liman ya riƙo hannuna, ya ce, "To ɗana, ga shi ya faɗa. Kai sai ka yafe a madadin kawunka."

Na ce, "Allah gafarta Malam, bai bar mini wannan a cikin gado ba. Ya jira shi har ya gaji. Su ƙarasa can."

Liman ya sake ni, bai ce na yi daidai ba, bai ce na yi kuskure ba.

Allah ka ji ƙan Kawu, ka yalwata masa makwanci, ka sanyaya masa ƙasa. Ka saka masa da kowace dabba da ya kwana yana jinya, da kowane damin hatsi da ya tsare wa maƙwabci. Abin da ke tsakaninsa da surukinsa kuwa, kai ne ka gani tun farko, kuma ba a yi maka ƙarya.